Hukuma ta karɓe filin masana'antata bayan na biya shekara shida: ina makomar kuɗina?

TAMBAYA: Assalamu alaikum, Barista. Ni mai ƙaramar masana'antar casar shinkafa ne. A shekarar 2017 wata hukumar gwamnatin jiharmu mai kula da rukunin masana'antu ta ba ni fili bisa yarjejeniyar cewa zan ba da kafin alƙalami, sannan in riƙa biyan sauran kuɗin duk bayan wata uku har tsawon shekara goma, idan na kammala a ba ni takardar shaidar mallaka. Na kewaye filin da katanga, na gina sito biyu, na haƙa rijiyar burtsatse, na kafa injina. Shekara shida cur ban taɓa saɓa lokacin biya ba. Daga baya tsadar dizal da ta shanshera suka durƙusar da aikin, na yi fiye da shekara guda ban biya ba, kuma don in samu abin sallamar maigadi sai na ba wani ɗan kasuwa hayar sito ɗaya yana ajiye taki. A watan jiya maigadi ya kira ni ya ce an liƙa takarda a ƙofa cewa an karɓe filin, bayan kwana uku kuma aka zo aka garƙame ƙofar da kwaɗo, injina na ciki. Yanzu ina jin ƙishin-ƙishin za a ba wani. Wani abokina ya ce doka ta hana a ƙwace abin da ake biya kaɗan-kaɗan muddin an biya kashi uku cikin biyar na kuɗinsa, sai da izinin kotu. Shin haka ne? Kuma ina makomar kuɗina da gine-ginena?

Daga wani Alhaji mai casar shinkafa.

AMSA: Wa alaikumus salam, Alhaji. Allah ya kawo mafita. Zan fara da maganar abokinka, domin ita ce ta fi daɗin ji, kuma ita ce za ta fi cutar da kai idan ka dogara da ita. Dokar da yake nufi tana nan, ita ce dokar sayen kaya ta hanyar haya ta 1965, wadda har yau ake aiki da ita a Najeriya. Sashe na 9 na dokar ya tanadi cewa idan mai haya ya biya kashi uku cikin biyar na kuɗin abin hawa, ko rabin kuɗin wani kaya da ba abin hawa ba, mai kayan ba shi da ikon ƙwace shi da ƙarfinsa sai ta hanyar kotu, idan kuwa ya yi gaban kansa to yarjejeniyar ta warware kuma mai haya yana iya neman a mayar masa da duk abin da ya biya. Wannan ita ce dokar da ya kamata direbobin Adaidaita Sahu da ke biyan kuɗin babur mako-mako su sani. Amma dokar ta kayan da ake iya ɗauka ce. Ta shafi ababen hawa kowane iri, ta kuma shafi sauran kaya waɗanda kuɗinsu bai haura Naira 2,000 ba, adadin da a lokacin da aka rubuta shi kuɗi ne mai auki, yau kuwa da ƙyar ya sayi mudun shinkafar da kake casa. Fili da gini ba sa cikinta ko kaɗan. Saboda haka ko da takardarka ta ɗauki sunan irin wannan ciniki a samanta, kashi uku cikin biyar ɗin da ka biya ba zai zame maka katanga a ƙarƙashin wannan doka ba.

Abubuwa biyu ne za su yi hukunci a al'amarinka: takardar da ka sa wa hannu a 2017, da Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978. Kafin ka je ko'ina, ɗauko takardar ka zauna da lauya ku karanta ta layi-layi, kuna neman amsar tambaya ɗaya, wato da wane suna aka kira kuɗin da kake kai wa duk wata uku. Idan takardar ta ce hukuma ta ba ka filin haya ne, kuma mallaka ba za ta koma hannunka ba sai ka biya kason ƙarshe, to hukumar za ta ce abin da ka biya kuɗin zaman da ka yi ne na shekara shida, an ci an shanye, ba a mayarwa. Idan kuwa takardar ta nuna sayar maka aka yi a kan farashi ayyananne, aka yarje maka ka biya a rarrabe, to kuɗin da ka biya wani ɓangare ne na farashi, kuma ƙa'idar da kotuna suka saba bi ita ce mai sayarwa yana iya riƙe kafin alƙalami idan mai saye ya kasa cikawa, amma sauran abin da aka biya a cikin farashi ana mayar da shi bayan an cire asarar da mai sayarwa ya tabbatar ya yi, sai fa idan yarjejeniyar ta faɗi akasin haka a fili. Ko inda ta faɗa ɗin, lauyanka yana da damar roƙon kotu ta duba ko riƙe kuɗin shekara shida tare da gine-gine saboda bashin shekara guda ya tashi daga biyan asara ya koma azabtarwa. Ba na yi maka alkawarin nasara a wannan gaɓa, domin alƙali yana tafiya ne da abin da aka rubuta, amma ƙofa ce da ake ƙwanƙwasawa kuma takan buɗe.

Na lura ka ce sai ka kammala biya za a ba ka takardar shaidar mallaka. Wannan yana nuna cewa abin da ke hannunka takardar ba da fili ce da yarjejeniya kawai, kuma haƙƙin zama a kan ƙasar yana hannun hukumar har yanzu. Matsayinka ya fi rauni a kan na wanda ya riga ya karɓi satifiket ɗinsa, amma yana da kyau ka san yadda doka take bi da mai satifiket ɗin ma, domin da wannan ma'auni za a auna abin da aka yi maka.

Dokar 1978, wadda gwamnatin soja ta Janar Olusegun Obasanjo ta kafa a ranar 29 ga Maris na shekarar, ta danƙa dukan ƙasar kowace jiha a hannun gwamna a matsayin amana, kuma Kundin Tsarin Mulki na 1999 ya ba ta kariya ta musamman a sashe na 315, ta yadda ba a gyara ta sai ta hanyar da ake gyara kundin kansa. A Arewa wannan tsari ba baƙo ba ne, domin tun 1910 Turawan mulki suka sa ƙasa a ƙarƙashin ikon gwamna, Dokar Mallakar Ƙasa ta Jihar Arewa ta 1962 kuma ta ci gaba a kan wannan turba. Abin da mutum yake samu daga gwamna haƙƙin zama ne da amfani na wa'adi, bisa sharuɗɗa. Sashe na 28 na dokar 1978 ya ba gwamna ikon soke wannan haƙƙi ta fuska biyu. Ta farko ita ce buƙatar jama'a, kamar hanya ko asibiti ko makaranta. Ta biyu ita ce saɓa sharaɗi, kamar ƙin biyan kuɗin ƙasa na shekara-shekara, ko ƙin gina filin cikin lokacin da aka ɗiba, ko juya shi zuwa wani amfani da ba don shi aka bayar ba. Bambancin da ke tsakaninsu shi ne diyya. Sashe na 29 ya tanadi biyan diyyar gine-gine da sauran aikin da aka yi a kan ƙasa idan gwamnati ce ke buƙatarta don amfanin jama'a, amma bai tanadi ko sisi ba ga wanda aka soke wa saboda shi ne ya saɓa. Sashe na 32 ya ƙara da cewa soke fili ba ya shafe bashin da gwamnati ke bin mai shi. Wato mutum yana iya rasa filin, a kuma ci gaba da binsa kuɗin da ya taru.

Ba labarin littafi ba ne wannan. A Abuja, inda Ministan Babban Birnin Tarayya ke riƙe da irin ikon da gwamna ke da shi a jiha, an soke filaye 165 a watan Satumban 2023 saboda masu su ba su gina ba, a watan Maris na 2025 kuma aka sanar da soke takardu 4,794 saboda rashin biyan kuɗin ƙasa na shekara goma ko fiye. Da aka fara garƙame gine-ginen a watan Mayu, sai da Shugaba Bola Tinubu ya sa baki aka ba masu su kwana 14 su biya tare da tara. Na kawo wannan ne don ka ga cewa hatta manya masu satifiket a hannu ba su tsira ba, ka kuma ga cewa a ƙarshe biyan bashi da tara ne ya zama mafita ga da yawa daga cikinsu.

Yanzu sai laifinka, Alhaji, don ba zan ɓoye maka ba. Rashin biya na fiye da shekara saɓa yarjejeniya ne ƙarara, kuma tsadar dizal, duk da cewa kowa ya san gaskiya ce, ba ta cikin uzurorin da kotu ke karɓa don a yafe wa mutum alkawarin da ya ɗauka. Hayar siton da ka ba mai taki ta fi damuna a kan bashin. Kusan duk yarjejeniyar filin masana'antu tana hana a ba wani haya ko a sauya amfanin wurin ba tare da rubutaccen izini ba, ga mai satifiket ma sashe na 22 ya hana sayarwa ko jinginarwa ko ba da haya ba tare da amincewar gwamna ba. Dalilin hanin ba ɓoyayye ba ne. Gwamnati tana ba da irin waɗannan filaye a farashi mai rahusa ne don a kafa masana'anta a ɗauki ma'aikata, kuma duk wanda ya zaga tsofaffin unguwannin masana'antu irin su Bompai da Sharaɗa da Challawa a Kano, ko Kakuri a Kaduna, ya ga wuraren da a da injina ke ruri a cikinsu sun koma rumbunan ajiye kaya. Ina ganin gwamnati tana da gaskiya idan ta ƙi yarda filin da ta ware don samar da aiki ya zama wurin karɓar haya. Inda nake rabuwa da hukumomi shi ne yadda sukan aiwatar da wannan gaskiya tasu.

A nan ne kake da abin riƙewa. Doka ba ta yarda a soke haƙƙin mutum a ɓoye ba. Sashe na 28 ya ce dole jami'in da gwamna ya ba izini ya sa hannu a takardar sokewa, a kuma isar da ita ga mai filin, haƙƙinsa ba ya faɗuwa sai sanarwar ta iske shi. Sashe na 44 ya jera hanyoyin isarwa: a miƙa masa hannu da hannu, ko a bari a gidansa da aka sani, ko a aika ta gidan waya da rajista, idan kamfani ne a kai ofishinsa mai rajista. Liƙa takarda a jikin wurin ita ce hanya ta ƙarshe, kuma ana komawa gare ta ne idan an bincika an kasa gano sunan mai wurin ko adireshinsa. Hukumar da ta shekara shida tana ba ka rasit da sunanka za ta sha wuya kafin ta gamsar da alƙali cewa ba ta san inda kake ba. A shari'ar Osho da kamfanin Foreign Finance Corporation ta 1991, Kotun Ƙoli ta jaddada cewa wajibi ne a sanar da mai fili, a faɗa masa dalilin sokewa, kuma idan dalilin saɓa sharaɗi ne a ba shi damar kare kansa. Ita ma yarjejeniyarka, da wuya a ce ba ta da sakin layi da ya ce za a rubuto maka gargaɗi a ba ka wa'adin gyara kafin a karɓe wurin. Ka binciki maigadinka da akawunka da kyau ko wata wasiƙa ta taɓa zuwa aka ajiye ba a nuna maka ba, domin idan hukumar ta fito da takardun gargaɗi biyu ko uku masu ɗauke da sa hannun yaronka, rabin hujjarka ta tafi.

Batun kwaɗo kuma, kotunanmu ba sa kallon ƙwace da ƙarfi da idon rahama, ko da gwamnati ce ta yi. A 1986, a shari'ar Gwamnan Soja na Jihar Legas da Cif Emeka Odumegwu Ojukwu, gwamnati ta tura jami'an tsaro suka fitar da shi daga wani gida a Ikoyi alhali magana tana gaban kotu, Kotun Ƙoli kuma ta yi tir da wannan aiki da kakkausan harshe. Darasin da ke ciki a gare ka shi ne da zarar ƙararka ta shiga kotu, hannun hukumar ya ɗaure fiye da yadda yake a yau. Injinanka kuwa, muddin ba hukumar ce ta saya maka su ba kuma ba ka jinginar mata da su a yarjejeniyar ba, dukiyarka ce, kana da haƙƙin a buɗe maka ka kwashe ko ka duba lafiyarsu. Katanga da sito da rijiya su ne masu wuyar sha'ani, domin ƙa'ida ita ce abin da aka kafa a ƙasa yana bin ƙasa. Kada ka kuskura ka fasa kwaɗon da kanka, don kada ƙarar kuɗi ta rikiɗe ta zama tuhumar laifi.

Shawarata ita ce ka bi hanya biyu a lokaci guda, kuma cikin wannan makon. Lauyanka ya rubuta wa shugaban hukumar, da kwafi ga kwamishinan da ke kula da ita, yana nuna kurakuran da aka yi wajen sanarwa, yana kuma gabatar da tayin biyan bashin a kan jadawalin da za ka iya cikawa, tare da alkawarin sallamar mai taki da ranar da injina za su koma aiki. Idan kana da halin haɗa wani kaso na bashin ka nuna shi a wasiƙar, ka yi, amma ka sani cewa karɓar kuɗinka kaɗai ba ya nufin an janye sokewar, sashe na 18 na dokar 1978 ma ya faɗi haka game da kuɗin ƙasa, don haka sai ka ga janyewar a rubuce. A gefe guda kuma ya shirya ƙara a Babbar Kotun Jiha, yana neman umarnin dakatar da ba wa wani filin har a gama shari'a. Babbar Kotu ce ke da hurumi a kan filin da gwamna ke bayarwa, kamar yadda sashe na 39 ya tanada, don haka kada ka ɓata lokaci a kotun majistare ko kotun shari'ar Musulunci ko ofishin 'yan sanda. Gaggawar tana da dalili. Dokokin da suka kafa hukumomi da yawa suna buƙatar a ba su sanarwa kafin a kai su ƙara, akwai kuma dokar kare jami'an gwamnati mai wa'adin wata uku na shigar da ƙara, wadda ko da yake kotuna sun sha cewa ba ta shafi rikicin fili da na yarjejeniya ba, lauyoyin gwamnati ba sa fasa ɗaga ta. Mafi muni shi ne a ba wani filin ya fara zuba kuɗinsa, domin daga ranar shari'arka ta zama ta mutum uku.

TAMBAYA: Barista, ni da 'yan ƙungiyarmu ta mata masu sarrafa gyaɗa an yi mana tayin rumfa a wani rukunin ƙananan masana'antu a kan irin wannan tsari na haya da ke ƙarewa da mallaka. Wasu daga cikinmu suna cewa ciniki biyu ne a cikin ɗaya, don haka bai halatta ba. Mene ne gaskiya?

Daga wata Hajiya, shugabar ƙungiya.

AMSA: Hajiya, fatawa ta malamai ce, ni abin da zan iya shi ne in gaya miki inda manyan malaman zamani suka tsaya. Majalisar Fiƙihun Musulunci ta Duniya da ke ƙarƙashin Ƙungiyar Haɗin Kan Ƙasashen Musulmi ta tattauna wannan mas'ala a zamanta na 12 a birnin Riyad a shekarar 2000. Abin da ta hana shi ne a ɗora haya da sayarwa a kan abu ɗaya a lokaci ɗaya cikin ƙulli guda. Ta halatta idan an raba su, wato hayar ta kasance haya ta gaskiya wadda mai dukiya ke ɗauke da nauyin dukiyarsa a cikinta, sannan mallakar ta zo daga baya ta hanyar sayarwa ko kyauta a wani ƙulli na daban. A kan irin wannan tsari bankunan da ba sa mu'amala da ruwa suke tafiya, ciki har da bankin Jaiz da ya fara aiki a 2012. Ku kai wa malamin da kuka amince da shi takardar kanta ya gani, kada ku tsaya ga ba shi labari da baki. Ta fuskar doka kuma, tun da ba ku sa hannu ba tukuna, ku nemi a rubuta a fili kwana nawa za a ba ku idan kun makara da biya, da abin da za a mayar muku idan tafiya ta ƙi, da kuma sunan da za a sa a takardar, na ƙungiya mai rajista ko na mutum ɗaya.

TAMBAYA: Barista, wani dillali ya kawo mini fili a unguwar masana'antu, ya ce gwamnati ce ta ƙwace daga wanda ya kasa biya, za a sake bayarwa da araha, har da gini a ciki. In karɓa?

Daga wani ɗan kasuwa.

AMSA: Malam, kada ka ba dillali ko kwabo sai lauyanka ya je ofishin filaye na jihar, irin su KANGIS a Kano ko KADGIS a Kaduna, ya duba fayil ɗin filin da idonsa. Ya nemi takardar sokewa, da shaidar cewa ta isa hannun mai filin na farko, ya duba ko akwai jinginar banki a kansa, sannan ya leƙa rajistar Babbar Kotu ko akwai ƙara. Idan sokewar farko ba ta inganta ba, takardar da za a ba ka ba ta da tushe, domin gwamna ba ya ba da abin da yake hannun wani har yanzu, kuma ranar da kotu ta mayar wa mai shi, kai ne za ka kwashe kayanka ka koma neman kuɗinka a wurin hukuma. Ginin da ke ciki ma ba kyauta ba ne, domin sashe na 10 na Dokar Amfani da Ƙasa ya ɗora wa sabon mai satifiket biyan gwamna kuɗin gine-ginen da ya tarar a filin, saboda haka ka tambayi nawa aka ƙiyasta su kafin ka lissafa arahar da dillalin yake faɗa maka.